Bindigar Jatau Ta Je Ofis

Jatau maharbi ya ƙaura zuwa wata gunduma, ga birai sun far wa masararsa, ga lasisin bindigarsa ya ƙare. Ya je ofis, ya tarar da jami'i mai taurin kan tsiya.

Jami'in ya ce, "Sai na duba lambarta a kan teburin nan. Amma ka fito da ita titi babu lasisi, in kama ka."

"To ka zo gida ka duba, yallaɓai."

"A kan teburin nan na ce."

Washegari Jatau ya dawo yana haki. "Yallaɓai, akwai bindiga marar lasisi a unguwarmu."

Jami'in ya bi shi da kansa, ya saɓo ta a kafaɗa, ya ratso kasuwa, ya dire ta kan tebur, ya rubuta lambarta. "Ta wane ja'irin ce?"

"Tawa ce, ranka ya daɗe. Ga ta kan tebur, ka kuma duba lamba. Wanda ya fito da ita titi babu lasisi kuwa, duk kasuwa ta gan shi. Hatimi za ka buga, ko kanka za ka kama?"

Ya buga hatimi.