Hannun Da Ya Taɓa Doki

An yi wani mutum, ya 'yan uwa, gwanin wasan allon nan da ake kira ces. Mutum biyu ke zama, kowa da sarkinsa da dawakinsa da sojojinsa na katako, ga agogo a gefe yana cin lokacin kowa. Wanda lokacinsa ya ƙare an cinye shi. Ni ban iya wasan ba, ban kuma zo koya muku ba. Doka ɗaya nake so ku riƙe: duk abin da ka taɓa a kan allon, shi za ka tura, ko da zai kai ka ƙasa.

Walƙiya ake ce wa mutumin nan, don saurin hannunsa. Yayan matarsa ne ya koya masa wasan, wani tela. A kan teburin yankan yadi suka fara, tsakanin almakashi da alli, tun bai auri ƙanwar ba. Telan yakan tsokane shi ya ce ya ba shi ƙanwa, ya ba shi wasa, saura ya haɗa masa da keken ɗinkin.

Sai aka zo gasar fitar da waɗanda za su wakilci ƙasa a waje. Kujera ɗaya ta rage, aka haɗa su biyun.

Zaure ne babba, tebura a jere, ba ka jin komai sai fanka. An yi awa uku ana fama. Walƙiya ya miƙa hannu ya ɗaga dokinsa da yatsa biyu. Yana ɗagawa ya ga in dokin nan ya bar wurin, sarkinsa ya shiga uku. Sai ya mayar da shi, ya tura soja.

Telan ya tsayar da agogo, ya ce a hankali, "Ƙanina, ka taɓa dokin."

Alƙalin wasa ya zo. Lokacin da abin ya faru ya juya baya, babu kuma wanda ya gani. Ya tambayi Walƙiya. Shi kuwa ya ɗaga hannun nan nasa sama ya ce, "Wallahi tallahi ban taɓa shi ba. Allah ne shaidata."

Kun ji fa. A kan guntun katako ya kira Mahaliccinsa shaida.

Telan ya daɗe yana kallonsa. Bai rama rantsuwar ba. Ya zauna ya ƙarasa wasan, aka cinye shi, ya sa hannu a takarda. Kafin mako ya zagayo magana ta bazu, wai tsoho ya ga ɗalibinsa ya fi shi, ya nemi ya ci da ƙarya. Masu zuwa shagonsa koyon wasa suka janye. Ya naɗe allonsa ya ɗora a kan kwaba.

To shi mai kujera fa, ya ji daɗinta?

A wasansa na farko a waje, da lokacin tura doki ya yi, hannunsa ya tsaya a sama. Ya janye ya tura wani abu. Washegari haka. Likita ya duba bai ga komai ba. Hannun nan yana riƙe cokali, yana riƙe biro, yana ɗaura agogo. Doki ne kawai.

Su 'yan wasan nan bin diddigin juna suke yi, kowa yana nazarin wasannin abokin karawarsa. Ba su daɗe ba suka gane mutumin nan ba ya motsa dawakinsa sai ya ga uwar bari. Suka riƙa kai shi inda ba mafita sai doki, su naɗe hannu su bar shi da agogo. Ya koma zama a kan tafukansa don kada a ga rawar da suke yi. Sunan Walƙiya ya zama abin dariya.

A gida ma babu sauƙi. In waya ta yi ƙara gabansa ya faɗi. Ya sauya hanya don kada ya bi ta ƙofar shagon. Wata rana matarsa tana ninke kayan yara ta ce masa, "Baban yara, Yaya bai taɓa yi mini ƙarya ba, kai ma ban san ka da ita ba. To wa zan ƙaryata?" Ya ce ta bar maganar, ya fice ko takalminsa bai gama sawa ba.

Ana nan telan ya kwanta ciwo. Sau uku yana aikowa a ce wa ƙaninsa ya zo. Shi kuwa kullum gobe, kullum sai an gama gasa. Me ya hana shi? Tsoron kada a tambaye shi a gaban mutane. Ranar da telan ya cika, Walƙiya yana zaune gaban allo.

Bayan wata biyu aka zo wasan da zai riƙe kujerarsa ko ya rasa ta. Ya kai abokin karawarsa bango. Tsalle ɗaya na doki ya rage wasa ya ƙare, 'yan kallo duk sun gani. Saura minti biyu. Ya ɗaga hannu. Saura minti ɗaya. Hannun yana sama, ana jin numfashinsa daga tebur na uku. Lokaci ya ƙare.

Ya miƙe ya nufi alƙali, shi dai wancan na farko, ya ce, "Ranar nan, na taɓa shi."

Alƙalin ya ce takarda an riga an sa mata hannu, kuma ba shi aka zalunta ba. Aka cire sunansa daga 'yan wasan ƙasa. Matarsa ta haɗa kayanta da yaranta ta koma gidan marigayin. Ya bi ta har ƙofa yana roƙon abu guda, ta gaya masa me Yaya yake so ya faɗa masa. Ta ce sun tambaye shi, ya ce magana ce tsakaninsu biyu, ba zai ba kowa saƙonta ba.

Yafiya ce? Allah ya isa ce? Har yau bai sani ba. Yana nan yana yawo da tambayar, duk wanda ya ji ya je jinyar telan sai ya tare shi da ita.

Ya 'yan uwa, da ya tura dokin nan, wasa ɗaya zai rasa. Kai da kake rantsuwa a kasuwa, ke da kike rantsuwa a tsakar gida, kuna zaton don alƙali ya juya baya ba a gani ba? Haƙƙin mutum ba ya sauka sai mai shi ya yafe, mai shi kuma ba zai zauna jiranka ba. In akwai wanda ka ɓata wa suna, tashi daga nan ka wuce wurinsa kafin ka shiga gidanka.

Allah ya tsare harsunanmu daga kiran sunansa a kan ƙarya. Allah ya ba mu ikon neman gafarar waɗanda muka zalunta tun suna iya amsa mana. Allah ya kiyaye mu, amin.