Mayafin Sama da Igiyar 'Yan'uwa Biyu

Mijina Barnaba ba ya tare da mu yanzu. Wata shida ke nan da muka kai shi makwancinsa, kuma shi ne ya saba tsayawa a gabanku kowace Lahadi. Ni ban yi karatu mai zurfi ba, amma dattawan ikilisiya sun ce in riƙe ajin nan. Sai ku kasa kunne ga wannan misali.

Akwai wani mutum manomi a wata ƙasa mai nisa, wadda ba ta cikin ƙasashen da muka sani. A can, idan dawa ta isa yanka, wani haske yakan sauko daga sama da la'asar. Sai rana ta dushe, a ga kore da ja da shunayya suna lilo daga gabas zuwa yamma, kamar zannuwan da aka shanya iska na kaɗawa. Mutanen ƙasar suna kiransa Mayafin Sama. Yana da kyan gani ƙwarai, amma duk wanda ya dube shi, duniya takan birkice masa. Hanyar rafi ta koma hawan dutse, itace ya yi kukan akuya, rami ya zama tabarma.

Saboda haka suna da al'ada. A lokacin girbi ba mai zuwa gona shi kaɗai. Mutum biyu za su ɗaura igiyar rama guda a ƙugunsu, kowa da ƙwaryarsa a rataye. Da zarar mai tsaron gari ya buga ganga, sai kowa ya zauna a ƙasa, ya kifa ƙwarya a kansa, ya riƙe igiya har hasken ya wuce.

Manomin nan matarsa ta rasu da damina. Tun daga ranar bai ƙara yin dariya ba. Ƙanensa ne ya bar tasa gonar ya zo taya shi girbi.

Da suke ɗaura igiya, ƙanen ya ce, "Yaya, sassauta mana. Ɗan'uwanka kake ɗaurewa, ba bunsurun kasuwa ba."

Manomin ya ɗauki addarsa ya shiga yankan dawa.

La'asar na yi, ganga ta tashi. Suka zauna, kowa ya kifa ƙwaryarsa. Can sai manomin ya ji daka. Ku kun sani kowace mace da irin lugudenta. Wannan na matarsa ne, sau biyu a turmi, sannan tafi ɗaya. Ya ce a ransa, "Leƙawa kawai zan yi." Ya ɗaga bakin ƙwaryar.

Sai ga ƙofar gidansa a tsakiyar gona. Ga matarsa tsaye a bakin turmi, lafiyarta ƙalau, babu ramar ciwon nan da ya cinye ta. Ta ajiye taɓarya ta ce, "Maigida, ka daɗe. Tuwo ya kusa hucewa."

Ya miƙe zumbur. Igiya ta riƙe shi. Ya sa adda ya datse ta, ya nufi ƙofar da gudu.

Ƙanen ya ji igiya ta saki a hannunsa. Ya jefar da ƙwarya, ya runtse ido gam, ya bi ƙarar karan dawa da sauri yana tuntuɓe, har ya faɗi ya cafke ƙafar wansa da hannu biyu. Yana ta ihu, "Yaya, tsaya! Ni ne! Don Allah tsaya!"

Amma abin da manomin ya ji kukan kura ne. Ya duba ƙasa, sai ya ga wata ƙatuwar kura ta kafa haƙora a idon sawunsa. Ga matarsa tana miƙo masa hannu, saura taki ɗaya ya kai gare ta. Ya ɗaga adda ya sari kurar. Ba ta sake shi ba. Ya ƙara. Ya sake ƙarawa.

A daidai nan hasken ya naɗe, rana ta dawo.

Babu gida, babu turmi, babu mata. Yatsun ƙafarsa suna kan bakin wani kwazazzabo mai zurfi da ke ƙarshen gonar, ƙasa tana zubewa daga ƙarƙashinsu. Ya juya. Ga ƙanensa kwance rub da ciki, jini ya jiƙa masa hannun dama, yatsu biyu babu. Hannun hagu kuwa yana nan damƙe da ƙafarsa. Adda ta suɓuce daga hannun manomin ta faɗa ramin, bai ma ji saukarta ba.

Ƙanen, idonsa har yanzu a rufe, ya ce, "Yaya, ya wuce? In buɗe ido?"

Manomin ya durƙusa ya ce, "Me ya sa ba ka sake ni ba? Ni nake saranka!"

"Na san kai ne," in ji ƙanen. "Ja da baya tukuna, sannan in saki."

Ma'anar wannan misali ita ce, hasken nan baƙin ciki ne a lokacin da Maƙiyi, wato Shaiɗan, ya shiga cikinsa. Yin kuka ba zunubi ba ne. Amma akwai ranar da baƙin ciki yakan nuna wa mutum rami ya ce masa gida ne. Ya ce masa, daina cin abinci, daina addu'a, rufe ƙofa, ba ka da sauran amfani a duniya. Igiyar ita ce zumuncin masu bi. Ƙanen kuwa shi ne wanda Ubangiji ya aiko ya riƙe ka, kuma sau da yawa shi ne kake gani kamar kura.

Na san abin da nake faɗa. Bayan rasuwar mijina, Mama Rifkatu ta zo gidana da kwanon abinci kwana goma sha ɗaya a jere. A rana ta huɗu na ce mata gulma ce ke kawo ta. Ta ajiye kwanon a bakin ƙofa, washegari ta dawo.

Idan akwai wanda ka sara da bakinka alhali riƙe ka yake yi, kada ranar yau ta faɗi ba ka je wurinsa ba. Idan kuma kai ne mai riƙon, an sare ka, jini na zuba, kada ka saki tukuna.

Mu sunkuyar da kai, mu yi addu'a tare.

Ya Ubangiji, ka ga waɗanda suke tsaye a bakin rami yau suna tsammani ƙofar gida ce. Ka aiko musu da hannun da ba zai gaji ba. Ka gafarta mana raunukan da muka yi wa masu ƙaunarmu, ka warkar da su. Ka ba mu ƙarfin riƙe ɗan'uwanmu har idonsa ya buɗe. A cikin sunan Yesu muka roƙa. Amin.