Takardar da Malama Sulochana Ta Sa wa Hannu

Akwai wata malama a ƙauyenmu na masunta a gaɓar teku a jihar Kerala ta ƙasar Indiya, sunanta Sulochana. Mabiyar addinin Hindu ce, amma a lokacin da labarin nan ya fara ta yi shekara ashirin da huɗu tana koyar da lissafi a makarantar cocinmu. Yawancin masu fita kamun kifi a yau a hannunta suka koyi ƙirga.

Da tsohon hedimasta ya yi ritaya, kowa ya ɗauka ita za a ba, tunda ta fi kowa daɗewa. Sai kwamitin coci ya zauna ya zaɓi Jaison, wani matashin malami ɗan ƙauyen, wanda shi ma ɗalibinta ne a da.

Shugaban kwamitin, dattijo Ouseph, ya ce, "Kakanninmu ne suka ɗauko duwatsun ginin nan a ka. Ɗanmu ne zai riƙe ta."

Ofishin ilimi na gwamnati ya ƙi amincewa. Suka ce makarantar ba ta samu shaidar zama ta 'yan tsirarun addini, wadda za ta ba coci ikon zaɓen shugabanta, ba tukuna, don haka wanda ya fi daɗewa ne ke da kujerar. Wata biyar makaranta ba shugaba. Can sai ga takardar amincewa ta iso da sunan Jaison, kuma ba wanda ya san abin da ya canza.

Ouseph ya dafa kafaɗarsa ya ce, "Mun kayar da su, yarona. Amma ka sa ido a kan matar nan, ita ce ta riƙa kai mu ƙara."

Jaison ya yarda, bai tambayi kowa ba.

Ya karɓe mata ajin ƙarshe da take ƙauna, ya tura ta ɗakin da ke kusa da inda ake shanya kifi. A taron malamai ya daina ce mata Malama, sai ya kira sunanta gatsal. Ran da ta kawo shawara a kan jarrabawa, ya katse ta a gaban kowa.

"Sulochana, makarantar nan shugaba ɗaya gare ta."

Ta ce, "Haka ne, ranka ya daɗe." Ta zauna.

Haka aka yi shekara tara. Ba ta taɓa makara ba, ba ta taɓa mayar masa da magana ba. In ya yi kuskure a takardun ɗalibai, sai ta gyara da fensir ta ajiye masa a tebur.

Saura wata uku ta yi ritaya, Jaison ya kai takardunta ofishin ilimi. Wani tsohon akawu mai suna Raghavan ya buɗe fayil ɗinta, ya cire tabarau ya dube shi.

"Kai ne Jaison ɗin? To ka iya zaɓen uwa."

"Ban gane ba."

Raghavan ya tura masa wata takarda da ta fara ja. Ya ce, "Ni na kira ta da kaina a wancan lokacin. Na ce mata, Yaya, kujerar nan taki ce, ki tsaya kawai. Ta tambaye ni, in kwamiti ya tafi kotu shekara nawa za a yi? Na ce ƙila bakwai. Ta ce, yaran ajin ƙarshe fa, wa zai sa hannu a takardun jarrabawarsu? Sai ta nemi biro."

Jaison ya gane rubutun tun kafin ya karanta. Ta rubuta cewa ta janye daga neman kujerar har abada, ba wanda ya tilasta mata. A ƙasa ta ƙara layi ɗaya: "Ɗalibina ne, na san zai iya."

Ya ce, "To ƙarar da ta kai fa?"

"Wace ƙara? Babu wata ƙara a fayil ɗin nan."

Jaison ya nemi kujera ya zauna. Sai ya ce zai sauka, a naɗa ta ko na wata ukun ne, ta yi ritaya tana hedimasta.

Raghavan ya girgiza kai. "Har abada ta rubuta, ɗana. Dokar da ta ɗora ka ita ce ta rufe mata ƙofa. Ko ka sauka, wani za a ba."

Da yamma ya je gidanta. Ya same ta a bakin ƙofa tana ɓare rogo. Ya durƙusa a gabanta, kuka ya ƙwace masa.

"Malama, na ga takardar."

Ta ajiye wuƙar. Ta ce:

"Tashi, Jaison, kada maƙwabta su ga hedimasta a ƙasa."

"Me ya sa ba ki faɗa min ba?"

"Da na faɗa, da kullum ka hau kujerar nan sai ka ji kamar aro aka ba ka. Ba a riƙe makaranta da irin wannan zuciyar."

Ya ce ta yafe masa. Ta ce ta yafe tun tuni. Sannan ta ƙara da cewa:

"Kujerar ba ta taɓa yi min ciwo ba. Abin da ya yi min ciwo, tun kana ɗan shekara goma sha ɗaya na san ka, amma aka ce maka na ci amanarka, ba ka ko zo ka tambaye ni ba."

Washegari ya mayar mata da ajin ƙarshe. Wata uku kacal ta koyar da su. A taron ban kwana ya faɗi gaskiyar a gaban duk ƙauye, Ouseph na zaune kansa a sunkuye. Aka roƙe ta ta zauna a kujerar hedimasta ko don a ɗauki hoto. Ta yi godiya, ta koma cikin layin malamai inda ta saba zama.

Darasi: Kada ka yanke wa mutum hukunci da abin da aka faɗa maka, alhali ƙofarsa a buɗe take. Wani wanda kake wa kallon maƙiyi, shi ne ya sunkuya ka taka ka hau, kuma ba kowace ɓarna ce nadama ke iya gyarawa ba. Ku tura wa 'yan uwa, ƙila wani ya je ya yi tambayar da ya kamata tun da sauran lokaci.