Rabon Kuɗin Jirgin Biri

Ga ta nan, ga ta nanku.

Ta zo, mu ji abin da ta ɗauko.

Ran wata Laraba da hantsi aka sayar da jirgin fiton Biri, don ya gudu ya bar bashi. Kunkuru ne ya sassaƙa jirgin, ba a biya shi ba. A wancan zamani bayansa tsirara yake, ga ɗakinsa na yoyo, damina ta matso. Ya riga kowa zuwa wurin rabon kuɗin a gaban Dila, alƙalin bakin kogi.

Dila ya ce, "Dorina, zo ki fara ɗauka."

Kunkuru ya miƙa wuya. "Allah gafarta Malam, so nake in gane. Bashina ya fi tsufa. Ita jiya-jiya ta tsamo jirgin da ya nutse."

Dorina ta ce, "Baba Kunkuru, da na bar shi a ƙasa, sai ka nutsa ka karɓi naka wurin kifi."

Dila ya ce, "Dokar ruwa ke nan. Wadda ta ceci jirgi, bashin kowa ta ceta."

Dorina ta ɗauki nata, Kwaɗi matuƙan jirgin suka karɓi ladansu, kuɗi suka ƙare. Sai ƙoƙon kwashe ruwa ya saura. Kunkuru ya jujjuya shi, ya dubi hadari, ya kifa a bayansa.

Kowa ya watse. A gaɓa saura Dila yana hamma, da karyayyen filafili, da Kunkuru ƙarƙashin rufin da har yau bai sauke ba.

Ƙurunƙus! Ba don an sayar da jirgin ba, da na ƙetare da ku.