Ranar da Kunkuru Ya Zama Dutse

Ga ta nan tafe, ga ta nanku.

Ta iso mu ji ta.

A wani daji, malamai sun ce abu ba ya tabbata sai mai kallo daga sama da mai kallo daga ƙasa sun faɗi magana ɗaya. Kura ma ta yi karatun, shekara bakwai.

Rannan ta danne Kunkuru za ta ci. Ya ce, "Malama, kin tabbata nama ne?"

Aka kira shaidu. Shaho ya ce, "Dutse nake gani."

Tururuwa ta ce, "Ni rumfa na gani."

Kura ta ce, "To ƙanshin fa?"

Shaho ya ce, "Hanci ba ya shaida."

Kura ta haɗiye yawu ta wuce. Dutse ya lallaɓa gida. Da ma Kunkuru yakan yi wa karatun nan dariya, amma tun ranar ya ɗan rage.

Ƙurunƙus, na sauke ta a kan ɓera.