Bakin Bargon Sarki Jatau

A wani zamani mai tsawo, tun kafin a haƙa rijiyoyin da ayari ke sha a yau, an yi wata ƙasa a bayan duwatsu bakwai mai suna Tamkara. Mai mulkinta wani saurayi ne, Sarki Jatau, wanda Allah ya ba rumbuna cike da hatsi da talakawa masu biyayya, amma bai bar masa ɗan'uwa ko ɗaya ba. Mahaifiyarsa, Mai Babban Ɗaki Kilishi, ita kaɗai ce abokiyar hirarsa. Ranar da ta rasu, baƙin ciki ya rufe masa ido, ya sa aka tara tufafinta kaf a tsakar gida aka cinna musu wuta, don kada ya sake ganin abin da zai tuna masa da ita. Sannan ya hau bene ya rufe ƙofa.

A tsakar gidan akwai wani tsohon rimi, a cikinsa kuma wata aljana take zaune mai suna Dawariya, aminiyar marigayiya. Da hayaƙi ya kwanta, ta bayyana a gaban sarki ta ce: "Ya kai ɗan Kilishi, ka ƙone abin da ya ɗumama ka tun kana goye. Daga yau sanyi zai kama ka ta tafin ƙafa, yana hawa sannu a hankali, kuma ranar da ruwan farko na damina ya sauka zai isa zuciyarka."

Haka kuwa aka yi. Ana tsakiyar bazara, mutane na neman inuwa, sarki na rawar ɗari. Bokaye suka yi turare, masu magani suka yi jiƙo. Sarkin Maɗinka ya ɗinka barguna na alharini da karan-miski, aka jibga wa sarki har goma, sanyi bai fasa hawa ba. Ya wuce gwiwa, ya wuce ƙugu.

A can gindin ganuwa akwai wata budurwa marainiya mai suna Tasalla, wadda sana'arta ɗinkin bargon ƙyalle. Takan haɗa guntayen tsofaffin tufafi ta yi fuskar bargo, ta shimfiɗa auduga a tsakiya, ta sa yadi a ƙasa, sannan ta bi da allura layi-layi har su zama abu guda. Al'adar mutanen Tamkara ce mai ɗinki ta bar taƙi ɗaya a gefe ba ta ɗinke ba. Wannan wuri shi ake kira bakin bargo, kuma wanda zai rufa da shi ne ke ɗinke shi da hannunsa, a gaban wadda ta yi aikin. Amare da yawa sun rufe bakin bargo a ɗakin Tasalla suna dariya, suka tafi da abinsu suka bar ta da guntayen zare. Ita kuwa ba ta taɓa yi wa kanta ba, domin ba ta da wanda zai zauna a gabanta.

Da ta ji labarin sarki, ba girmansa ne ya taɓa ta ba. Abin da ya tsaya mata a rai shi ne an ce shi kaɗai yake cin abinci. Ta ɗauki allura da almakashi, ta roƙi dogarai suka bar ta ta isa gindin rimi da hantsi, ta yi sallama.

Dawariya ta leƙo daga kogon itacen ta ce: "Wace ce ke, 'yar Adam, da za ki zo mini da allura, bayan masu rawani sun zo da raguna na kore su?"

Tasalla ta durƙusa ta ce: "Iya, ban zo jayayya ba. Na zo tambaya ne ko akwai bargon da zai tare sanyin nan."

Aljana ta kalli yatsun Tasalla da allura ta sossoke, sannan ta ce: "Akwai. Audugarsa ta rimina ce, wadda ta faɗo da kanta, ba wadda aka kaɗo ba. Fuskarsa kuma ba za ta zama ta kome ba sai tufafin da Kilishi ta taɓa sawa a jikinta."

"Iya, ai an ƙone su duka."

"An ƙone waɗanda ta ajiye," in ji Dawariya. "Je ki nemi waɗanda ta bayar."

Kwana tara Tasalla tana tsintar auduga ƙwaya-ƙwaya, iska na ƙwace mata tana bi. Daga nan ta shiga gari gida-gida. Ashe babu unguwar da kyautar Kilishi ba ta shiga ba. Wata ungozoma ta yanko mata gefen kallabi, wata mai sayar da daddawa ta ba ta hannun riga, wani makaho ya kwance tsumman da yake ɗaure sandarsa da shi. Kowa ya bayar sai ya ba ta labarin ranar da ya samu, ita kuma ta koma ɗakinta ita kaɗai tana haɗawa, tana jan layukan ɗinki suna lanƙwasa kamar hanyoyin garin.

Da ta zo tsakiyar bargo, ƙyalle ya ƙare, ga hadari ya fara haɗuwa a gabas. Saura abu guda a duk Tamkara: wani zanen saƙi da Kilishi ta ba mahaifiyar Tasalla ranar sunan yarinyar, wanda shi kaɗai ne abin da uwar ta bar mata. Ta ciro shi daga ƙasan adaka, ta sa fuskarta a ciki ta daɗe. Sannan ta sa almakashi.

Ta kai bargo fada, amma aka tsayar da ita a zaure. Sarkin Maɗinka ya karɓa, ya ga bakin a buɗe, ya ce: "Ba a taɓa jin sarkin Tamkara ya riƙe allura ba, kuma ba a zamanina za a fara ba." Ya ɗinke wurin da zaren zinariya, ɗinki mai kyan gaske, ya hau da shi bene. Aka lulluɓa wa sarki. Sanyi bai ko motsa ba, ya riga ya kai haƙarƙari.

Aka sauko za a kori Tasalla, sai ta hangi zaren zinariya yana walƙiya a gefen bargon da aka jefo mata. Ta ɗaga murya, ita da ba a taɓa jin muryarta a waje ba, ta ce: "Allah ya ja zamanin sarki! An rufe maka bargo da hannun da ba naka ba!"

Sarki ya ji daga bene, ya ce a hawo da ita. Ta durƙusa a gabansa, ta farke zaren zinariya, ta zura nata na auduga a allura ta miƙa masa, ta ce: "Ranka ya daɗe, a ƙasar nan ko amarya ba a rufe mata. Ni zan riƙe gefen, kai ka ɗinke."

Yatsunsa sun sandare, allura ta faɗi sau biyu. Da ya sunkuya ɗauka, idonsa ya sauka a kan saƙin da ke tsakiya. Ya ce a hankali: "Da wannan mahaifiyata take goya ni. Ina kika same shi?"

Tasalla ta ce: "Na mahaifiyata ne. Shi kaɗai gare ni."

Sarki Jatau ya dube ta, sai hawayen da ya hana kansa tun ranar jana'iza suka zubo. Yana kuka yana ɗinki, ita tana riƙe da gefen, tana gaya masa daga hannun wa kowane ƙyalle ya fito. Da ya ƙulle zaren ƙarshe, aka yi tsawa, ruwa ya sauko a kan Tamkara, gumi kuma ya karyo wa sarki a goshi.

Bayan an yi shuka, sarki ya sauko daga bene ya koma zaman fada. Ya aika dattawa gindin ganuwa neman aure, da saƙo guda: "Na cinye miki gadonki, ki zo mu rufa da shi tare." Tasalla ta amsa, aka ɗaura aure, aka yi biki kwana bakwai, rimi ya yi ta zubo da auduga a kan mutane alhali lokacinta ya wuce.

Sarkin Maɗinka ya sha roƙo a bar shi ya gyara taƙin nan, domin ɗinkin sarki ya karkace, wani wuri ya yi tsalle, wani ya tattare. Tasalla ba ta taɓa yarda ba. Har suka tsufa, in ta ja bargon, gefen nan take nema ta riƙe.