Sunan Ɗan Sallau Direba

Ku gyara zama in ba ku labarin Sallau direba, in na kai ƙarshe ku raba mini gardama.

Sallau motar haya yake ja, kuma kun san al'adar tasha: a miƙo wa direba saƙo da lambar wayar mai karɓa a jikin kwali, ya jefa a bayan mota ba tare da ya buɗe ba, don buɗe saƙon mutum abin kunya ne. Wata rana aka ba shi kwali aka ce sabulu ne. A shingen bincike aka farke, sai ga ƙwaya. Da alƙali ya tambaye shi ko ya amsa laifi, bawan Allah ya ga ai a motarsa aka samu, ya ce ya amsa, a zatonsa faɗin gaskiya zai sa a sallame shi da wuri. Aka ɗaure shi shekara uku, da tara mai nauyi, in bai biya ba a ƙara masa biyu. Ya bar matarsa Ladidi da ƙaramin ciki, abin da ya fi damunsa ke nan.

Hashimu ƙanin Ladidi yana buga wa mutane takardu a bakin kotu. Shi kaɗai a dangi ya san ɗaukaka ƙara tana da wa'adi. Yayin da sauran suke ta jaje, shi ya rufe rumfarsa ya bi lauyoyi da magiya har ɗaya ya ji tausayi. Ranar da wa'adin zai cika aka shigar da takardar neman sassauci.

Zubairu ɗan kamasho aminin Sallau ne, a gabansa aka miƙa kwalin. Duk tasha kowa ya ja bakinsa ya yi shiru, don ba mai son a ambaci sunansa a shari'ar ƙwaya. Zubairu ya je ya yi rantsuwa ya faɗi yadda aka yi, shugabannin tasha kuwa suka kore shi don ya jawo musu ido. Maganarsa ce ta sa babbar kotu ta mayar da ɗaurin iya watannin da Sallau ya riga ya yi, ta rage tarar. Amma ta ce sai an biya zai fita.

Mamuda wan Sallau manomi ne mai zafin rai, shekara biyu ba sa ga maciji saboda rikicin iyakar gona. Da farko cewa ya yi: “Ya zauna can ya koyi hankali.” Amma ana saukar ruwan shuka ya kora shanun huɗarsa biyu kasuwa, ya biya tarar, ya dawo yana noma da fartanya, yana mita.

Sallau ya fito da kwana tara Ladidi ta haifi namiji. Murna a gidan ba a magana. Shi kuwa tun yana tsare ya yi wa Allah alkawari, in ya ga haihuwar nan da idonsa, yaron zai ci sunan wanda ya fitar da shi.

Safiyar suna aka taru a ƙofar gida, ga goro, ga rago a ɗaure, mutanen uku suna zaune a tabarma ɗaya. Liman ya karkato ya ce: “Malam Sallau, wane suna za mu raɗa?”

Sallau ya dubi Hashimu, ya dubi Zubairu da har yau bai sami aiki ba, ya dubi tafin hannun Mamuda da fartanya ta sa duk ya yi kanta.

To, liman yana jira, kuma yaro ɗaya ne. Ku faɗa mini, sunan wa ya kamata ya ci a cikinsu?